Yatsa Mai Tabo a Takardar Gidan Goggo

Saura kaɗan in fasa rubuta wannan. Sau uku ina ɗaukar biro ina ajiyewa. Ni ba mai magana ba ce, ko gaisuwa na yi sai an ce in ɗaga murya, karatuna kuma a aji huɗu na firamare ya tsaya. Amma tun da abin nan ya faru, duk abin da na riƙe, kofi ne ko allura ko wannan biron, sai idona ya sauka kan babban yatsana na dama. Na gaji da kallonsa ni kaɗai. Shi ya sa na ɗauko tsohon littafin da Goggo ke rubuta awon mutane, na juya ta baya inda babu rubutu, na fara.

Goggo yayar babana ce, ita ta riƙe ni tun ina shekara shida. Tela ce. Gidanta ɗaki uku ne da sito, na gaban mai babbar taga da ke kallon titi shi ne shagonmu. In aka yaba gidan sai ta buga cinyarta ta ce, "Da ƙafar nan na gina shi, bulo ɗaya riga goma." Shiru take kirana. Ina shekara tara allurar keken ɗinki ta shige mini babban yatsa, na fizge, ta tsaga naman. Ya warke, amma ya bar tabo, wani farin layi a karkace.

Ɗanta ɗaya ne, Yaya. Kayan mota yake sayarwa, yana haya da matarsa a wata unguwa. Mutum ne mai fara'a, in ya shigo sai gidan ya cika.

Wata rana da hantsi, Goggo ta tafi sayen yadi, ya shigo da takarda a ninke da ɗan akwatin tawada.

"Auta, zo ki yi wa tsohuwar nan alheri. Famfo zan ja muku har tsakar gida, ki huta da ɗaukar bokiti. Ma'aikatan ruwa sun ce sai wani ɗan gida ya dangwala yatsa."

Na ce a jira Goggo.

"Ki jira ta ce ɓarnar kuɗi ne? Ba ki san uwar taki ba? So nake ta tashi kawai ta ga ruwa na zuba. Kawo hannun."

Ya ninke takardar yadda ƙasanta kawai nake gani. Ko da ya buɗe ma ba da harshenmu aka rubuta ba. Ya kama yatsana ya danna a tawada, ya danna a takarda, wuri uku. Hannunsa na gumi. Ya ce kada in faɗa, na ce to.

Tawadar shunayya ce. Na wanke da sabulu, na goga da dutse, ta fita ko'ina ban da cikin tabon. Da yamma ina miƙa wa Goggo almakashi ta riƙe hannuna.

"Me ya sami yatsan nan?"

"Biro ne ya fashe."

Ita ce ƙarya ta farko da na taɓa yi mata. Ta ce in daina wasa da biro kusa da yadin mutane, muka ci gaba da aiki.

Famfo bai zo ba. Bayan wata biyu wasu mutane suka zo da igiyar awo, tare da wani mai shagon taya da ke ƙasan titinmu. Ya gaishe da Goggo da ladabi, ya ce ya zo ganin gidansa. Ta yi dariya, ta ɗauka wasa ne. Sai ya miƙa mata kwafin takarda, ya ce ga shaidar ta sayar, ga yatsanta, ɗanta ne ya tsaya a cinikin.

Ta sa tabarau, ta kai takardar bakin taga. Ta daɗe tana kallo, fiye da yadda ake kallon takardar da ba a iya karantawa. Sannan ta waiwayo ta dube ni.

"Shiru, je ki ɗora ruwan shayi."

Ban ga takardar ba ranar. Ban kuma haɗa ta da famfo ba. Ko in ce zuciyata ta haɗa, ni na ƙi sauraro.

Da Yaya ya zo bai ko sunkuyar da kai ba.

"Inna, gidan nan gobe na wane ne? Nawa ne. Na ɗan gaggauta ne kawai. Titi ya yi miki hayaniya, fili zan saya miki inda iska take."

"Ka gaggauta gadona ina tsaye da ƙafata? To ka gaggauta ka haƙa ramin ma."

Dangi suka yi ta zuwa. Wannan ya ce hannunka ba ya ruɓewa ka yanke ka yar. Wancan ya ce uwa ba ta kai ɗanta gaban hukuma, duniya za ta zage ta. Goggo tana taka keke tana jin su, da suka gama ta ce, "Duniyar ta zo ta ba ni ɗaki."

Akwai wani magatakardan kotu da muke yi wa matarsa ɗinki. Shi ya gaya mata tana iya shigar da ƙarar kai tsaye, wato ta kai kukanta na zamba gaban alƙali da kanta, ba sai ta bi ta wurin 'yan sanda ba. Ta ce wannan take so. A hanya na yi ƙarfin hali na tambaye ta dalili, ga caji ofis kusa da mu.

"Su kamawa suke fara yi kafin su tambaya. Ni so nake alƙali ya ji daga bakina, daga farko har ƙarshe, yadda na tsara."

Ranar zama ta sa rigar da ta ɗinka wa kanta ba ta taɓa sawa ba. Ɗakin kotun ƙarami ne, fanka ɗaya, benci huɗu. Aka kira ƙarar, ta miƙe, ta gyara murya. Kafin ta buɗe baki lauyan Yaya ya tashi da wata takarda. Ya ce shekaranjiya wanda ake ƙara ya kai wannan maganar wurin 'yan sanda da kansa. Shi ma cutarsa aka yi, in ji shi, wani dillali ne ya kawo masa takardar da yatsa a kai, ya ce uwarsa ta yarda. 'Yan sanda sun buɗe fayil, suna bincike.

Alƙalin dattijo ne, bai yi mana tsawa ba. Ya ce tunda magana ɗaya ce, ba za a yi ta wuri biyu a lokaci guda ba. Ya jingine ƙarar har 'yan sanda su kawo rahoto, kafin nan kowa ya tsaya inda yake.

"Ranka ya daɗe, ban ce komai ba tukuna," in ji Goggo.

"Za ki ce, Mama. In rahoto ya zo za ki ce."

Ta tsaya da bakinta a buɗe har aka kira ƙara ta gaba. Ni na ja ta muka fita.

Kowa ya tsaya inda yake. To mai taya ya riga ya karɓi makullin shago daga hannun Yaya, ya riga ya ja bangon bulo a tsakar gida ya raba gaba da baya. Nan ya tsaya. Mu kuma muka tsaya a ɗakin baya da sito. Bangon ya tare tagar ɗakin, taku biyu ne tsakaninsu. Rana ba ta shigowa sai da azahar, ta ɗan leƙa ta wuce.

Bayan mako biyu aka kira mu caji ofis. Mai binciken wani siriri ne mai tari, tebur ɗinsa cike da fayiloli ɗaure da igiya. Ya ɗauki zanen yatsun Goggo, dama ya riga ya ɗauki na Yaya. Da muka koma ya zaro wani babban hoto ya shimfiɗa.

"Mama, ba naki ba ne, wannan kam mun tabbatar. Ba na ɗanki ba ne kuma. Dillalin da ya ambata mun neme shi, babu shi babu dalilinsa. To na wane ne?"

Ina tsaye a bayan kujerarta na leƙa. An ƙara girman zanen ya kai tafin hannu. Layuka ne a nannaɗe kamar zare a kwarkwaro, sai wani farin layi a karkace ya ratsa su.

Na cusa yatsan cikin sauran huɗun na damƙe.

"In ba mu sami mai yatsan nan ba, ba zan iya rufe fayil ba," in ji shi. "In ban rufe ba babu rahoto. Akwai wanda kike zargi a gidanki?"

"A gidana daga ni sai allura."

"Wannan fa?"

"Wannan? Ko kaza ba ta iya kora. Bar ta."

Ya yi tari, ya ɗaure fayil ɗin, ya ɗora a kan 'yan uwansa.

Washegari na tari Yaya a bakin shagonsa. Ban taɓa zuwa ba. Na ce, "Yaya, takardar famfo." Iya abin da ya fito ke nan.

Ya ja ni bayan wata mota. Fara'ar tana nan a fuskarsa.

"Auta, kin san shekara nawa ake ba wanda ya dangwala a madadin wani? Yatsan wa ke kan takarda, nawa ko naki? Ni cewa zan yi ban san zancen ba. Ki je ki faɗa, su rufe ki, sai in ga mai dafa wa tsohuwar ruwan wanka." Ya gyara mini mayafi a kafaɗa. "Ki yi abin da kika fi iyawa. Ki yi shiru."

Na yi shiru.

Daga nan kwanaki suka fara cin Goggo. Mun sa keke a ɗakin baya, amma babu haske. Ta fara kasa zura zare, ni nake zura mata. Ta ɗinka hannun riga a juye, abin da ba ta taɓa yi ba a shekara arba'in. Masu kawo ɗinki sai sun zagaya ta lungu, su tsallake kwata da tsofaffin tayoyi, ɗaya bayan ɗaya suka daina zuwa. Da ruwan sama ya sauka, sabon bangon ya hana ruwa fita, ya dawo mana ɗaki. Katifa ta yi wari, yadin mutane ya yi funfuna. Ta fara tari, ƙafafunta suka kumbura, a asibiti aka ce jininta ya hau.

Duk ranar da aka sa mana a kotu sai ta sa rigar nan. Mu zauna a benci, a kira, a tambaya ko rahoto ya zo, a ce bai zo ba, a sa wata rana. Rigar ta fara yi mata yawa, na rage ta sau biyu. Magatakarda yakan biyo mu waje ya ce ta ƙara haƙuri, mai haƙuri yakan dafa dutse.

"Na dafa, ɗan nan. Wani ne ke shan romon."

Yaya kuwa bai daina zuwa ba. Duk ƙarshen mako yana tafe da burodi da madara, ya tsuguna a ƙofa ya gaishe ta kamar ba abin da ya faru.

"Inna, ni na hana? Ni da kaina na kai maganar wurin hukuma. Wanda bai da gaskiya zai kai kansa? Aiki suke yi, ba a yi wa hukuma gaggawa."

Wata rana ya ce ɗakin nan bai dace da ita ba, ta janye ƙara ta koma wurinsa. Wata rana ya ce wa dangi tsufa ne, ita ta yarda da cinikin ta manta. Matarsa ta ce ai ɗaki ɗaya ya ishi tsohuwa, kwana nawa ya rage. Ta faɗa a hankali, amma bangon bulo ba ya riƙe magana. In zai tafi yakan dube ni ya ce, "Auta, kina dai kula da ita ko?" Sai ya kalli hannuna.

Burodin kuwa, Goggo ba ta ci. Ni ma ba na iya ci. Haka zai bushe a kan keke.

Sai ta ɗauki wata ɗabi'a. Da azahar, lokacin da rana ke leƙowa, takan aike ni sayen zare ko maɓalli, ko da muna da su. In na dawo sai in same ta tsaye a taga tana fuskantar bangon nan, hannu a ƙirji, tana magana. Bayaninta take bita, wanda za ta yi wa alƙali. "Ranka ya daɗe, ni tela ce. Gidan nan da ƙafata na gina shi. Ban sayar ba, ban ba da aro ba, ban yi kyauta ba." Da ta ji motsina sai ta katse, ta ce, "Har kin dawo? Ƙafa kamar ta barewa, baki kamar na kifi."

Na haddace farkon kamar karatu. Ƙarshen ne ban taɓa ji ba.

Wata rana mai zaren bai buɗe ba, na dawo da wuri, na cire takalmi saboda ruwan lungu. Ba ta ji ni ba. Na tsaya a bakin sito.

"Saura magana ɗaya, ranka ya daɗe, ina roƙo ka bari in kai ƙarshe kafin a taɓa kowa. Yatsan na sani. Ni na ɗaure shi da tsumma ranar da allura ta tsaga shi. Yarinyar ba ta san abin da ta dangwala ba. Ba ta iya karanta takardar ba, don ni na cire ta daga makaranta ta zo ta zura mini zare. In akwai laifi, rabi na ɗana ne, rabi nawa. Ita ba ta da ko ƙwayar zarra."

Ta dubi bangon kamar tana jiran ya amsa. Sannan ta sake daga farko.

Tun ranar da mai taya ya miƙa mata takarda ta sani. Shi ya sa ta guji caji ofis. Shi ya sa ta ce daga ita sai allura. Yaya ma ya san ta sani, ya kai maganar daidai wurin da ba za ta iya buɗe baki ba. Alƙali na jiran 'yan sanda, 'yan sanda na jiran yatsa, yatsan kuma kullum yana zura mata zare.

Ya kamata in shiga in faɗi a gabanta. Ban shiga ba. Na koma lungu, na sa takalmi, na dawo ina buga ƙafa don ta ji. Wannan ne abin da ya fi hana ni sukuni. Kwana goma sha biyu na ƙara ina kallonta tana bita, ina cewa gobe.

A rana ta goma sha uku na dawo daga aike na same ta a ƙasa, tsakanin keke da taga. Ɓarin jikinta na dama ya shanye, bakinta ya karkace. Kwananmu tara a asibiti. Ta farfaɗo, tana gane mutane, tana haɗiyar ruwa. Magana ce babu. Sai ta tattaro ƙarfinta duka, jijiyar wuyanta ta tashi, abin da zai fito shi ne "Ran… ran…" Malaman asibiti suka ɗauka sunan wani take kira. Ni na san alƙali take kira.

Da muka dawo gida magatakarda ya zo dubiya. A lungu ya gaya mini gaskiya. Ƙarar kai tsaye ta mai ita ce. In mai ƙara ta kasa bayani, ko ta Allah ta kasance, lauyan Yaya zai nemi a kore ta, kuma da wuya a hana shi. Rahoto ne kaɗai zai tayar da maganar tun tana da rai.

Yaya ya zo da yamma, har da hawaye. Ya ce wa dangi, "Kun ga abin da nake gudu. Shari'a ba ta tsofaffi ba ce." Kafin ya tafi na gan shi yana auna faɗin ɗakin da ido.

Bayan kowa ya watse na kawo ruwan ɗumi ina goge mata jiki. Rana ta kusa faɗuwa, magina a bayan bango suna wanke shebur, mai taya ya fara ɗora bene. Na durƙusa a gaban katifa na ce, "Goggo, na ji. Ranar nan na ji duka."

Ta daɗe tana kallona. Sai ta miƙo hannun hagu, mai motsin, ta lalubo babban yatsana. Ta shafa tabon a hankali, sama da ƙasa, yadda take shafa yadi kafin ta yanka. Sannan ta lanƙwasa shi cikin tafina, ta rufe shi da sauran yatsun ɗaya bayan ɗaya, ta matse. Ta girgiza kai.

Tun ina shekara shida ban taɓa ƙin bin maganarta ba. Ta ce bar makaranta, na bari. Ta ce ɗora shayi, na ɗora. Yanzu ba ta da baki, da hannu ɗaya take ce mini in ɓoye, ta mutu a ɗakin da ruwa ke shiga, ɗanta ya gaji sauran.

Washegari da safe na yi mata wanka, na ba ta magani, na roƙi maƙwabciyarmu ta zauna da ita. Na sa burodin Yaya a shara. Na ɗauki ɗan zane da sabulu na ƙulle a leda, don ban san ko zan kwana gida ba. Da zan fita ta bi ledar da ido, ta fara "Ran… ran…" Ban waiwaya ba, don in na waiwaya ba zan tafi ba.

Mai binciken yana shan shayi, fayilolin sun ƙaru. Bai gane ni ba sai da na ce ni ce ta bayan kujerar tela.

"To, me aka samu? Ɗaga murya, ba na jin ki."

Duk hanya ina bita, kamar Goggo, amma da na buɗe baki babu abin da ya fito. Sai na buɗe hannuna, na ɗora babban yatsan a kan teburinsa, tabon yana sama.

Ya dube shi. Ya ajiye kofin. Ya fara kwance igiyar fayil.

Na ce, "Ka kawo tawada. Amma ka bari in kai ƙarshe kafin ka rufe ni. Goggona tela ce. Gidan nan da ƙafarta ta gina shi."